Takardar lanho ta zo, kai kuma ba ka yarda ba: yadda ake tsayar da karɓa kafin hukunci

Shekarun baya wani kawuna, mai saye da sayar da hatsi, ya sami takardar haraji. Kuɗin da aka rubuta a ciki sun fi abin da ya san ana binsa nesa ba kusa ba. Bai yi sakaci ba. Ya sa wani malamin makaranta ya rubuta masa ƙorafi da Faransanci, ya hau mota ya kai da kansa, ya dawo ya ce mana an karɓa, magana tana hannun manya. Bayan 'yan makonni, ranar kasuwa, muka tarar da kwaɗo biyu a ƙofar mangazarsa, ɗaya nasa, ɗaya kuma ba shi da makullinsa. Buhunan gero na ciki, masu saye sun durƙusar da raƙuma suna jira. Ya juyo gare ni da kwafin takardar a hannu, hannun na rawa, ya ce, "Ɗana, to ba na kai ƙara ba?" Na ce, "Kawu, ka kai." A ranar iyakar abin da na sani ke nan.

Daga baya na gane cewa waɗanda suka sa kwaɗon ba su karya doka ba. Layi ɗaya ne babu a takardar Kawu. Ya ce bai yarda da kuɗin ba, amma bai roƙi a dakatar da karɓa ba har a duba maganarsa. A dokar haraji ƙorafi daban, dakatarwa daban. Ƙorafi shi kaɗai ba ya ɗaure hannun mai karɓar kuɗi. Wanda ya lissafa harajin da wanda zai karɓe shi ma ba mutum ɗaya ba ne: takardarka tana kan teburin na farko ana nazari, na biyu kuwa yana da adadi a littafinsa da wa'adin da aka ba shi, kuma ba zai tsaya ba sai an ba shi dalili a rubuce.

Wannan ya fi shafar mutumin Tenhya fiye da ɗan kasuwar da shagonsa ke kallon ofishin haraji. Tenhya ƙaramar hukumar karkara ce mai faɗi a gundumar Tanut, ƙasar makiyaya, Buzaye da Fulani da Larabawa, da Hausawan da ke kai musu hatsi da shayi da sukari su sayo dabbobi. Daga ruga ko bakin rijiya zuwa Tanut tafiya ce. Daga Tanut zuwa Damagaram, inda ofishin haraji na jiha yake, kusan kilomita 150 ne a kan hanyar Agadas. Yamai kuwa sai a yi shirin kwana a hanya. Takarda takan iso hannu biyu ko uku, ta kwana a aljihun direba, ta kwana a shagon ɗan'uwa, wa'adinta kuma yana ta tafiya. Mutumin Belbeji da na ƙauyukan Tarka su ma halinsu ɗaya ne. Wanda ke nesa ba shi da damar ya je ya dawo sau biyar, dole tafiyarsa ta farko ta cika.

Ka fara sanin wace takarda ce a hannunka

A bakin mutane duk lanho ne, amma ƙofofinsa ba ɗaya ba ne. Kuɗin kai da ake tarawa ta hannun masu gari da shugabannin ƙabilu, da tikitin kasuwa, da abin da ake biya a kan dabba a kara, na ƙaramar hukuma ne, maganarsu a ma'aikatar magajin gari take. Wannan jagora ta shafi harajin da ke hannun babbar ma'aikatar haraji ta ƙasa, DGI: harajin riba, wanda kundin haraji na 2012 ya kira ISB ya kuma sa shi kashi 30 cikin 100 na ribar da aka samu, da dunƙulallen harajin da ƙananan 'yan kasuwa ke biya a maimakonsa, da patanti. Ma'aikaci mai albashi, nasa ITS ne, ana cire shi tun kafin kuɗi su shigo hannunsa, don haka ba kasafai yake shiga wannan rigima ba.

In an binciki lissafinka aka ga kamar ka rage, takardar farko da za ta zo sanarwar gyara ce. Ba umarnin biya ba ce tukuna. Tana faɗin abin da suke zargi, tana ba ka kwanaki ka mai da amsa, kuma adadin kwanakin yana rubuce a jikinta. Nan ne wuri mafi arha na gyara kuskure, kuma nan ne aka fi yin asara, don mutum yakan ga ba a ce ya biya yau ba, sai ya cusa takardar cikin gwangwani. Shiru a wannan mataki ana ɗaukarsa kamar yarda.

Takardar da ke mai da zargi bashi ita ce AMR, sanarwar fara karɓa. Tana ɗauke da lamba, da kwanan wata, da irin harajin, da shekarar da ake magana a kai, da asalin kuɗi, da tarar da aka ɗora. Daga ita sai takardar gargaɗi, daga gargaɗi sai matsi: rufe shago, kama kaya, ko ATD, takardar da ake aika wa duk wanda ke riƙe da kuɗinka, banki ne ko ma'aikatar da ka yi wa kwangila, a ce ya miƙa su baitulmali kai tsaye. ATD ta fi kwaɗo ciwo, don ba ka ganin zuwanta. Sai ka je cire kuɗin sayen buhu hamsin a Bakin Birji a ce maka asusun a tsare yake.

Ranar da AMR ta shiga hannunka, ka rubuta kwanan watan a bayanta, ka ɗauki hotonta gaba da baya da waya. In wani ya karɓar maka ya sa hannu, ka tambaye shi ranar, don ita ce ake ƙirgawa, ba ranar da ka dawo daga daji ba. Wa'adin ƙorafi gajere ne. Kundin haraji na ƙasa ana taɓa shi kusan kowace shekara ta hanyar dokar kasafin kuɗi, kuma wa'adi da kason da ake biya na cikin abubuwan da kan sauya. Saboda haka kada ka dogara da abin da ya faru da maƙwabcinka shekara uku da suka wuce. Ka ce wa mai karɓar haraji ya nuna maka sashen dokar da ke aiki bana, ya faɗa maka ranar ƙarshe, kai kuma ka rubuta a gabansa.

Raba kuɗin gida biyu

Nan ne aikin yake, kuma kafin a taɓa alƙalami ake yinsa. Ka zauna da littafinka da wanda ya iya lissafi, ka raba adadin da ke kan AMR gida biyu: abin da ka san ana binka, da abin da kake musu.

Mu ɗauki misali. A ce dillalin dabbobi ne da ke cin kasuwannin Damargu. Wani Alhaji daga Kano ko Maigatari yana turo masa kuɗi ya sayi raguna, ya loda, ya aika. A shekara miliyoyi sun ratsa ta asusunsa, amma nasa a ciki la'ada ce kawai. Mai bincike ya ga shigar kuɗin, bai ga littafi ba, sai ya lissafa su duka a matsayin cinikin dillalin. AMR ta fito da sefa 1.800.000. Dillali ya zauna ya yi lissafin gaskiya, ya ga a kan la'adarsa ana binsa 500.000, don akwai shekarar da bai kai bayani ba. To abin da yake musu 1.300.000 ne. Wannan adadi shi ne zuciyar takardarsa.

Sefa 500.000 ɗin nan da ya amsa, ya biya su, ya karɓi rasit mai lamba da hatimi, ya haɗa kwafinsa da ƙorafin. Dakatarwa ba ta rufe abin da ba ka musu ba. Mutane da yawa sukan ce ba za su ba da ko dala ba sai an gama shari'a, suna ganin biya kamar amsa laifi ne. A ganina wannan kuskure ne babba. Wanda ya zo yana cewa ba a binsa komai, alhali kowa ya san yana da rumfa a kasuwa, ya zubar da ƙimar sauran maganarsa. Ranar wanka ba a ɓoyon cibi.

A kula da ƙidaya. Mu da dala muke lissafi, takarda kuma da sefa. In ka ce wa marubuci "dubu ɗari" kana nufin dala, sefa 500.000 ke nan, shi kuma yana iya rubuta 100.000. Ka faɗi adadin da jika, jika ɗaya sefa 1.000, ka sa ya rubuta da lamba da kuma da kalmomi, sannan wani daban ya karanta maka.

Abin da takardar za ta ƙunsa

Takardar ƙorafi ana rubuta ta ne zuwa ga hukumar haraji, a miƙa ta ta ofishin da dosiyarka take. Ba ta bukatar ado. A sama sunanka kamar yadda yake a katin NIF, wato katin shaidar mai biyan haraji, da lambar NIF ɗin, da inda za a same ka, da lambar wayar da ke shiga. Mutumin Tenhya ya ba da adireshin wani amintacce a Tanut ko Damagaram wanda ba ya tafiya, don amsa in ta zo ba ta sami kowa ba, sabon wa'adi ya fara gudu a bayan idonka. Sai lambar AMR da kwanan watanta da irin harajin da shekararsa. Sai dalili, a taƙaice kuma a jere yadda abin ya faru: kuɗin da suka shiga asusuna a wata kaza na masu saye ne, ga takardun turo kuɗi, ga takardun lodi, ga shaidar waɗanda suka turo. Sai adadin da kake neman a cire.

Sannan layin da Kawu bai sa ba. Ka rubuta a fili cewa kana neman sursis de paiement, wato dakatar da biya, a kan sefa kaza da kake musu, har ranar da za a yanke hukunci a kan ƙorafinka, kuma a shirye kake ka ba da jingina. Kalmomin nan uku na Faransanci ka tabbata ka gan su da idonka a takardar, ko da ba ka iya karatun boko ba, ka sa a nuna maka su da yatsa. Roƙon ya kasance a cikin takardar ƙorafin kanta, da adadinsa. "Ina roƙon a yi mini haƙuri" ba roƙon dakatarwa ba ne. Ka sa hannu da kanka. In wani zai sa maka, sai da takardar wakilci.

Tun watan Maris na 2025 kundin sake gina ƙasa ya ɗaga Hausa ta zama harshen ƙasa, Faransanci ya koma harshen aiki. Ina fata wannan ya sauko har kan AMR, a ga bayanta an rubuta da Hausa wa'adin ƙorafi da haƙƙin neman dakatarwa. Layi huɗu ne, kuma da sun hana rufe shaguna da dama. Kafin ranar ta zo, takardun da Faransanci suke tafiya, sai a nemi marubucin da ya saba da harkar haraji, ba kowane mai kyan rubutu ba.

Ka yi kwafi uku. Ɗaya ka miƙa, ɗaya a buga maka hatimin karɓa da kwanan wata da sa hannu ka riƙe, na ukun kuma, bayan an buga masa hatimin, ka kai wa mai karɓar haraji hannu da hannu, don shi ne mai kwaɗo. Kada ka ɗauka takarda za ta taka da ƙafarta daga wannan ɗaki zuwa wancan. Asalin rasit da takardun banki kuwa ba a barinsu a ofis, kwafi ake bayarwa. In an ce maka "bar ta nan, ka dawo jibi", ka ce, "Ranka ya daɗe, daga Tenhya nake, a taimaka a buga mini hatimi yau." Ba rashin kunya ba ne, haƙƙinka ne, kuma ma'aikaci nagari ya san haka.

Jingina

Hukuma ba ta dakatar da karɓa a kan fatar baki. Tsoronta shi ne kafin a gama duba ƙorafi mutum ya kwashe kayansa ya tsallaka iyaka, don haka takan nemi abin riƙewa. Abin da aka saba karɓa shi ne lamunin banki, ko ajiye kuɗi a baitulmali da sunan jingina ba da sunan biya ba, ko gida ko fili mai cikakkiyar takardar mallaka. Mai karɓar haraji ne ke auna ko abin da ka kawo ya isa.

A nan ne dokar ta fi matse mutanenmu. Dukiyar Tenhya da ƙafa huɗu take tafiya. Mai raƙuma arba'in attajiri ne, amma ba shi da abin da zai ajiye a kan tebur, don garke yana ƙaura, yana ramewa, yana mutuwa, kuma wanda ya ga fari na 1984 ko na 2010 ya san cikin wata nawa garke ke ƙarewa. Takardar shaidar gona ta hukumar filaye, wadda dokar karkara ta 1993 ta kafa, tana da amfani wajen rigimar iyaka, amma nauyinta bai kai na cikakkiyar takardar mallaka ba. Mafita mafi kusa ita ce ɗan'uwa ko abokin ciniki mai gida da takarda a birni ya tsaya maka, ko kuma ajiyar kuɗi. In ajiya za ka yi, ka duba rasit ɗin ya nuna jingina ce.

To me ya sa za a sha wannan wahala, in dai kuɗi za su fita ko ta yaya? Saboda lokaci. Ragon da aka tilasta maka sayarwa a watan Mayu, bazara ta cinye shi, ciyawa ta ƙare, kowa na kai nasa kasuwa, ba kuɗinsa ɗaya ba da ragon da ya ci damina ko wanda ya riski Babbar Salla. Haka geron da aka saya da kaka don a sayar da bazara, in aka fasa mangaza tun Disamba, ribar shekara ta tafi. Wata uku ko huɗu na dakatarwa suna iya zama bambancin jari da karyewa. Kuma kuɗin da suka riga suka shiga baitulmali, ko ka yi nasara, fitowarsu tana ɗaukar lokaci, sau da yawa sai dai a lissafa maka su a harajin gaba.

Ba mu kaɗai ke da wannan tsari ba. A Faransa, inda dokarmu ta samo asali, sashe na L277 na kundin hanyoyin haraji ya ba mai ƙorafi damar jinkirta biya muddin ya nema a fili ya kuma faɗi adadi, ba a ma neman jingina sai kuɗin sun haura yuro 4.500. A Indiya, a 2017 an sa ƙa'idar a biya kashi 20 cikin 100 na abin da ake musu, a dakatar da sauran har a ji ɗaukaka ƙara ta farko. Abin da ya burge ni a tsarin Faransa shi ne sassaucin da aka yi wa mai ƙaramin bashi. Irin wannan rangwame ne ya dace da mai tebur da mai rumfa a Damargu.

Bayan an miƙa

Ka nemi amsar dakatarwar a rubuce. "Ba komai, je ka abinka" magana ce ta mutunci, amma mai faɗinta ana iya canza masa wurin aiki wata mai zuwa, wanda ya gaje shi kuma littafi zai buɗe. Kwafin amsar ya zauna a shago, a cikin leda, inda yaronka ya sani, don in an zo ba ka nan ya nuna. Harajin bana kuma ka ci gaba da biyansa a kan lokaci, dakatarwar ta tsohon adadi ce kaɗai.

Ka sani kuma dakatarwa ba yafiya ba ce. In hukunci ya fito ba ka yi nasara ba, kuɗin na nan, kuma jinkiri na iya jawo ƙari. Wanda ya san a ransa ana binsa, kuɗin ne kawai babu, kada ya bi wannan hanya. Tasa daban ce: ya roƙi sassauci a kan tara, ko a raba masa biya kashi-kashi, ya nemi a daidaita lokutan da kaka ko da kasuwar salla. Amma kada a cakuɗa biyun a takarda ɗaya. Mai neman sassauci ya amsa bashi, mai ƙorafi kuwa musunsa yake, in ka haɗa su kowanne zai raunana ɗan'uwansa.

In hukumar ta ƙi ƙorafinka, ko ta cire kaɗan ta bar da yawa, akwai gaba. Akwai CARFI, kwamitin sasanta rigingimun haraji da ke Yamai, bayansa kuma akwai kotu. Kowane mataki da nasa wa'adin, wanda ke farawa daga ranar da amsa ta iso, kuma a waɗannan matakai doka na neman a fara biyan wani kaso na kuɗin da ake musu kafin a saurare ka. A nan sai a yi lissafi da idon basira: kason, da kuɗin mota, da masauki, da ladan lauya ko akanta, a gwada su da abin da ake fatan ceto. A kan jika 150 ban ga dalilin zuwa Yamai ba. A kan miliyan uku kuwa ya cancanta, kuma a nan kada a tafi ba tare da masani ba. Duk lokacin da ka hau sabon mataki, ka sake tambaya a rubuce ko dakatarwar farko tana nan, don kada ka ɗauka tana bin ka da kanta.

In kuwa kwaɗo ko ATD sun riga ka, kamar yadda kwaɗo ya riga Kawu, ba a fasa kwaɗon, ba a yi wa ma'aikaci faɗa. Muddin wa'adin ƙorafi bai cika ba, a rubuta ƙarin takarda mai roƙon dakatarwa, a biya abin da aka amsa, a gabatar da jingina, a nemi a janye matakin. Haka muka yi, aka buɗe mangazar bayan kasuwa biyu sun wuce shi.

Ranar da ka yi nasara ma da sauran tafiya ɗaya. Ka karɓi takardar da ta nuna an cire adadin, ka kai wa mai karɓar haraji ya share shi a littafinsa, ka karɓo jinginarka, ko a sake wanda ya tsaya maka a rubuce. In an taɓa tsare asusunka, ka karɓi takardar janye ATD ka kai banki da hannunka, ka tsaya har a buɗe asusun a gabanka kafin ka nufi tashar motar Tanut.